Wa Ya Taɓa Ganin Fuskar Dodo? Hira Kan Littattafan Zane Na Ban Tsoro

Na cikin birni, na Tudun Wada, Sabon Gari, Samaru, da waɗanda karatu ko neman abinci ya kai nesa, duk ina gaisuwa. Yau babu baƙo, ni kaɗai ne, sai ku yi haƙuri da surutuna.

Na san wasu da suka ga kan maganar yau sun ce, to fa, mutumin da ya saba yi mana zancen rashin aikin yi da katin zaɓe, yau kuma dodanni ya koma? Ku tsaya ku ji abin da ya jawo.

Ina da ƙane, ɗan shekara goma sha uku. Yaron nan in ka ba shi biro da takarda ka gama da shi, ko abinci sai an yi masa faɗa. Kwanaki ya dawo daga makaranta idonsa ja wur. Ashe littafin rubutu guda ya cika da labarin zane, irin wanda ake raba shafi gida-gida, kowane gida da hotonsa, maganar mutane tana fita daga bakinsu a cikin ɗan da'ira. Komik dai. Labarin wata mata ce da take rikiɗa ta zama kura da daddare, tana bin gindin ganuwa tana ɗauke yara. Malaminsu ya kama littafin yana yawo a aji, ya yayyaga shi a gaban kowa, ya ce aikin shaiɗan ne.

Wallahi raina ya ɓaci. Har na saka takalmi zan tafi makarantar. Sai na ce masa, tsaya, sake zana min matar nan in gani. Ya zana. Ina kallo gabana ya faɗi. Fuskar wata tsohuwa ce a layinmu, mai sayar da daddawa, wadda mijinta ya rasu, 'ya'yanta ba sa kusa. Har ɗan giɓin bakinta ya saka. Na ce, me ya sa ita? Ya ce, "Yaya, ai kowa ya san mayya ce."

Nan na cire takalmin na zauna. Malamin ya yi kuskure, ƙanena ma ya yi, kuma na ƙanena ya fi ba ni tsoro. Wannan ne ya sa na koma na bi tarihin irin waɗannan littattafai, sai na tarar rigimar da ta faru a ajin ƙanena an yi ta a Amurka shekara 70 da suka wuce, har gaban majalisa.

Bari mu fara daga can. A 1950 wani kamfani mai suna EC Comics, na wani mutum William Gaines, ya fara fitar da littattafan zane na ban tsoro. Sanannun su uku ne: Tales from the Crypt, The Vault of Horror, da The Haunt of Fear. Abin dariya, kamfanin na mahaifinsa ne, kuma a hannun uban labaran ilimi da na Baibul yake bugawa. Ɗan ya gada ya juya akalar. Kowane littafi sule ne a kuɗinsu, santi goma, yaro zai iya saya da kuɗin tara. Kuma kowane labari akwai wani mummunan tsoho ko tsohuwa da ke buɗe shi da zolaya, ya rufe shi da zolaya. Da na ga haka na ce, ai wannan "ga ta nan, ga ta nanku" ce da "ƙurunƙus kan kusu", kaya kawai aka canza mata.

Labaran fa ba na wasa ba ne. Gawa ta taso daga kabari, a sare kai, a binne mutum da rai. Amma in ka karanta biyar, shida, za ka gane ƙashin bayansu ɗaya ne: wani ya yi zalunci, ya ɗauka ya sha, sai abin ya dawo masa ta hanyar da ta dace da laifinsa. Mijin da ya kashe matarsa don gado. Ɗan kasuwar da ke cutar mutane a ma'auni. Mai gidan marayu da ke cinye abincin yara. Gawar da ke tasowa sau da yawa ita ce aka zalunta. Mugun na sanye da kwat, yana murmushi, maƙwabta na gaishe shi. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Iyaye suka tayar da hankali. Tun 1948 ma an fara tara littattafan zane a harabar wasu makarantu ana cinna musu wuta, yara da kansu ake sa su kawo. Sai a 1954 wani likitan ƙwaƙwalwa, Fredric Wertham, ya fitar da littafi mai suna Seduction of the Innocent, yana cewa komik ne ke lalata tarbiyyar yara yana jefa su aikata laifi. A watan Afrilu na shekarar kwamitin majalisar dattawan Amurka ya zauna a New York kan batun. Gaines ya je da ƙafarsa ya kare kansa. Sanata Estes Kefauver ya ɗaga bangon wani littafinsa, hoton mutum riƙe da gatari a hannu ɗaya, kan mace a ɗaya hannun, ya tambaye shi ko wannan ya dace. Gaines ya ce a bangon littafin tsoro ya dace, inda zai zama rashin dacewa shi ne da an ɗaga kan sama har an ga jini na zuba. Washegari jaridu suka yi masa kaca-kaca. Gaskiya ni ma da ina wurin zan ce, Malam, da ka yi shiru.

Kafin shekarar ta ƙare masu buga littattafan suka kafa wa kansu hukumar tacewa, Comics Code Authority. Aka hana saka kalmar tsoro a sunan littafi, aka hana masu shan jini, da mutanen da ke rikiɗa su zama kyarkeci, da gawa mai tafiya. Aka ce kada a nuna ɗan sanda ko alƙali ko jami'in gwamnati ta yadda za a raina shi. Kun ji wannan na ƙarshen? An shigo da sunan kare yara daga dodo, an fita an kare manya daga suka. Littafin da ba shi da hatimin hukumar kuwa yawancin dillalai ba sa ɗauka. Littattafan tsoron EC duka suka mutu.

Ga inda abin ya fi tsaya min. EC na da wani labari, Judgment Day, na wani ɗan sama jannati da aka tura wata duniya ta mutum-mutumi, ya tarar sun raba kansu gida biyu saboda launi, masu ruwan lemo suna danne masu shuɗi. Ya ce ba za a karɓe su cikin tarayya ba sai sun gyara. A gidan hoto na ƙarshe ya cire hular ƙarfensa, sai ga shi baƙar fata. Da za a sake buga labarin, shugaban hukumar tacewar, Charles Murphy, ya ce sai an canza mutumin. Babu jini a labarin, babu gawa. Gaines ya ƙi, ya buga a haka, kuma shi ne littafin komik na ƙarshe da kamfanin ya fitar a lokacin, a farkon 1956. Abin da ya rage masa Mad ce, wadda ya mayar mujalla, abin da ya sa ta kuɓuce wa hukumar.

Kada in zalunci Wertham, tunda maganar zalunci muke yi. Mutumin nan ya buɗe asibitin ƙwaƙwalwa a Harlem don talakawa baƙar fata a lokacin da ba mai kula su, kuma ya ba da shaida a kotu cewa raba makarantu saboda launin fata na cutar da yara. Da gaske ya damu da yara. Amma a 2012 wata malamar jami'a, Carol Tilley, ta bi takardunsa na asali ta gano ya sauya maganganun yaran da ya yi hira da su, ya haɗa na wannan da na wancan, ya ɓoye cewa wasunsu suna fama da duka da talauci a gida. Mutum ne mai niyya mai kyau da ya ga amsa kafin ya gama tambaya. Mu ma 'yan gwagwarmaya muna da wannan ciwon, ba na cire kaina.

Akwai kuma abin da ya faru a Glasgow, can Sikotilan, a watan Satumbar 1954. Ɗaruruwan yara 'yan firamare suka cika wata maƙabarta da sanduna da wuƙaƙe, wai suna farautar wani mai shan jini mai haƙoran ƙarfe da ya cinye yara biyu. Babu yaron da ya ɓata. Manya suka ce komik ɗin Amurka ne ya jawo, a 1955 majalisar Birtaniya ta yi doka a kan irin waɗannan littattafai. Alhali garin na da tasa tsohuwar dodanniya mai haƙoran ƙarfe da aka daɗe ana tsorata yara da ita. Kuma unguwar, Gorbals, tana cikin mafiya talauci a ƙasar, ga masana'antar ƙarfe a bayan maƙabartar tana haska sama ja da daddare. Ba a yi dokar gaggawa kan wannan ba.

To, mu dawo gida, don kada wani ya ce wannan duk zancen Turawa ne. A 2007 a Kano, ƙarƙashin shirin A Daidaita Sahu na gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau, an ƙona littattafan Hausa na soyayya da aka ƙwace a hannun ɗalibai mata, a bainar jama'a. Hujjar ita ce dai ta Wertham: suna ɓata tarbiyya. Bayan nan hukumar tace fina-finai ta jihar ta matsa wa marubuta su yi rajista. Ina tambaya, an daina karantawa? Ku duba wayar ƙanwarku. Littattafan sun koma WhatsApp da Wattpad, inda babu edita, babu mai tacewa, babu uwar da za ta tsinci littafi a ƙarƙashin katifa ta san me 'yarta ke karantawa. A Amurka ma haka aka yi: a 1964 mujallar Creepy ta fito a girman mujalla, baƙi da fari, ta zagaye dokar. A 1971 aka sassauta, a 2011 manyan kamfanoni na ƙarshe suka watsar da hatimin.

Mu fa tsoro ba baƙonmu ba ne. Wanda ya taso a cikin birnin nan, kafin waya ta cinye dare, ya san zaman tsakar gida bayan isha'i, a kewaye kaka. Dodo da ke cewa yana jin warin mutum. Yarinyar da ta ƙi kowane saurayi ta zaɓi kyakkyawan baƙo, suna shiga daji ya fara mayar da kayan aron jikinsa ɗaya bayan ɗaya. Fatalwa. Maye da ke kama kurwa. Aljanun tsamiya da na kuka, da gargaɗin kada ka zuba ruwan zafi da daddare ba bisimilla. Mu 'yan birni ma kullum muna cewa mai babur ya sauke mu a Babban Dodo, ba ma ko jin nauyin sunan. Tun 1911 zuwa 1913 Frank Edgar ya buga Litafi na Tatsuniyoyi na Hausa juzu'i uku, daga rubutun ajami da malamai suka yi masa. Marigayi Ibrahim Yaro Yahaya ya tattara nasa a Tatsuniyoyi da Wasanni. Kayan suna nan jibge.

Kuma duk tatsuniyar tsoro aiki take yi. Ta kyakkyawan baƙo tana cewa a binciki asalin mai neman aure. Ta Dodon ruwa tana hana yaro zuwa kududdufi shi kaɗai. Ta kishiyar uwa da ke aiken marainiya kogin da ba a dawowa, wannan kuwa ƙara ce ake kai wa jama'a a fakaice, a gidan da ba a isa a faɗi abin a fili ba. Irin aikin EC ke nan, kakanninmu sun riga su.

Abin da ba mu yi ba shi ne zanawa. Wannan ne ke ba ni haushi a matsayina na Bazazzagi, domin in akwai garin da ya kamata ya yi, nan ne. A Zariya aka shirya gasar 1933 da ta haifi Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar, ƙarƙashin Rupert East. A nan Abubakar Imam ya rubuta Magana Jari Ce. A nan Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fita a 1939, aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tudun Wada a 1945, aka yi NORLA, aka yi NNPC. Ta ɓangaren zane kuma, a kwalejin da ta zama ABU ne ɗalibai irin su Uche Okeke da Demas Nwoko da Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo suka kafa ƙungiyar masu zane ta Zariya a 1958, suka ce a daina kwaikwayon Turawa ido rufe, kowa ya koma ya tono na gidansu. Uche Okeke ya koma ya zana halittun tatsuniyoyin Ibo. Injin buga littafi a Tudun Wada, makarantar zane a Samaru, tatsuniya a cikin birni, tsakaninsu kuɗin mota ɗaya. Amma ka tambayi yaro yau ya siffanta maka dodo, na Japan zai kawo maka. Ko Sarauniya Amina, wani ɗan Najeriya mazaunin Amurka, Roye Okupe, shi ya ɗauki hasken tarihinta ya yi komik ɗin Malika, sarauniyar wata daula da ya kira Azzaz. Ban ce ya yi laifi ba, ya kyauta. Mu ne muka yi barci.

Tunda na ambaci Japan, ku ji wannan. Shigeru Mizuki, mai GeGeGe no Kitaro, ya taso a wani ƙaramin gari na bakin teku, Sakaiminato. Wata tsohuwa da ke taimakon gidansu ita ke ba shi labaran aljanun ƙauye yana yaro. Ya je yaƙin duniya na biyu ya rasa hannun hagu, ya dawo ya zauna yana zana aljanun nan da hannu ɗaya har ya rasu a 2015. Halittun da suka kusa ɓacewa daga bakin mutane, shi ya ba su fuska. Yau garinsu akwai titi mai sunansa, jere da siffofin aljanun na tagulla, mutane na zuwa yawon buɗe ido. Har littafi guda ya yi a kan tsohuwar, don girmama ta.

Kun ga bambancin da ya hana ni barci? Shi tsohuwar unguwarsu ta zama malamarsa. Ƙanena tsohuwar unguwarmu ta zama kurarsa.

A nan nake rabuwa da abokaina masu cewa zane ai zane ne, labari ba ya kisa. A Amurka in ka zana mai shan jini, ba wanda zai je ya fasa gidan maƙwabcinsa. A wurinmu kalmar mayya tana da gawa a bayanta. Duk mun sha jin labari, yaro ya yi zazzaɓi ya fara sambatu ya kira sunan wata, kafin la'asar an taru a ƙofar gidanta, a ce sai ta tsallaka shi, wani lokacin a yi mata duka, wani lokacin abin ya wuce duka. Zazzaɓin cizon sauro in ya hau kai yana sa sambatu, sanƙarau ma haka, amma ba a kai yaron asibiti ba, an tafi gidan tsohuwa. Kuma ku lura da waɗanda ake nunawa. Ban taɓa jin an taru a ƙofar mai kuɗin unguwa an ce maye ne a fito da shi ba. Gwauruwa ce, ko wadda ba ta haihu ba, ko mai ruɗewar tsufa, ko baƙuwa. Da yawanmu ba mu ma san cewa a dokar Penal Code da ake aiki da ita a Arewa, jifan mutum da maita laifi ne da ake hukuntawa ba. Littafin ƙanena ya zaga aji guda. Da a waya ya saka shi fa, da giɓin bakin nan nata?

Saboda haka malamin ya ga wani abu na gaske, ko da bai san ya gani ba. Inda ya ɓata shi ne yagawa. Bai tambayi yaron wace ce wannan ba. Da ya tambaya, da aji guda sun yi darasin da ba za su manta ba. Da ya yaga, abin da yaran suka koya shi ne a riƙa ɓoyewa, ita kuwa tsohuwar tana nan a matsayin mayya a kawunansu.

Na san akwai masu jiran in taɓo hukuncin zana abu mai rai. Ni ba malami ba ne, ba zan ba da fatawa a shirin nan ba. Magana ce da malamai suka tattauna, akwai masu tsanantawa, akwai masu sassauci musamman a abin koyar da yara, kowa ya tambayi malamin da ya amince da shi. Abin da na sani, yaranmu suna kallon zanen wasu dare da rana, an hana ko ba a hana ba. Kuma masu zane sun san abin da ya fi ban tsoro shi ne wanda ba a nuna ba: inuwa a bangon zaure, sawun kura da ya shiga ɗaki bai fito ba, ƙofar da aka bari a rufe aka tarar a buɗe. Dodon tatsuniya ma ai babu kakar da ta taɓa faɗa mana kamanninsa dalla-dalla, shi ya sa na kowa ya fi na kowa muni.

In kuma dodo ake nema, mu da muke Zariya ba sai mun ara ba. Waɗanda suka shiga kwalejin Nuhu Bamalli da daddare a 2021 suka kwashi ɗalibai da malamai, ba rikiɗa suka yi ba. Mai ba su labarin gidan da za a shiga, da rana yana sahu ɗaya da mu. Mai sayar wa yara ƙwaya a lungu. Mai jabun magani. Wanda aka ba riƙon maraya ya cinye gonar. Ka zana min labarin mai jabun magani da ya kwanta ciwo, duk kwalbar da aka buɗe masa ya ga irin tasa ce, ka ga ko zan yi barci.

Abin da na yi da ƙanena, na saya masa sabon littafi, mai farar takarda ba layi. Na ce sharaɗi ɗaya, ba fuskar wanda muka sani. Sannan na aike shi sayen daddawa wurin Iya, na ce in ya je ya durƙusa ya gaishe ta, ya tambaye ta ko ta san tatsuniyar kura. Ya yi ta jan ƙafa kamar za a kai shi yanka. Ya fi awa bai dawo ba, har Umma ta fara faɗa miya na jira. Ya dawo da daddawar, da ƙarin ƙwaya biyu gyara, da tatsuniya uku, ɗaya ni kaina ban taɓa jin ta ba. Yanzu yana shafi na tara. Har yanzu akwai kura a ciki, ya ce ba zai faɗa min wane ne ke rikiɗa ba sai ƙarshe, amma na leƙa na ga wani mai babbar riga da carbi yana yawan fitowa.

Makarantar kuwa na je daga baya, ba da faɗa ba. Mun zauna da malamin, ya ce bai yarda da ni ba gaba ɗaya, amma ya yarda zai karanta sabon in an gama.

Masu zane da ke saurare, na san kuna nan, ku ajiye mana aikinku a ƙarƙashin wannan rubutu, ko shafi ɗaya ne. Wanda kuma kakarsa ke raye, a daren nan ya kunna rikodar waya ya ce ta ba shi wadda ta fi ban tsoro, ya turo mana da izininta, a faɗi unguwa ba sai an faɗi suna ba. In sun taru za mu saka wasu a shiri na gaba. Sai mun sake haɗuwa, wassalamu alaikum.